Maigidana zai sayar da filinmu saboda wata duniya da ya ce tana tafe

Assalamu alaikum Anti. Shekararmu goma sha uku da aure, 'ya'yanmu huɗu. Maigidana mutum ne mai son karatu, yana koyarwa a wata sakandare mai zaman kanta har bara da aka rage ma'aikata aka sallame shi. Tun daga nan ya koma zaman gida da waya a hannu. Da farko tarihin Fir'auna da dalar Masar yake kallo, har nakan zauna mu kalla tare. Yanzu abin ya wuce nan. Ya gamsu cewa a zamanin Annabi Musa wata duniya ta gifta kusa da tamu, ita ta jawo bala'o'in da suka sauka a Masar, kuma akwai wata mai suna Nibiru da za ta rutsa da mu nan da 'yan shekaru, masana sun sani suna ɓoyewa. Kullum yana ambaton wani likita mai suna Velikovsky da ya ce an danne shi don ya faɗi gaskiya.

Ranar wani suna a danginmu ya ɗauko zancen, sai ƙanena da ke karatun ilmin ƙasa a jami'a ya tuntsire da dariya a gaban mutane, ya ce tatsuniyar YouTube ce. Tun ranar maigidana ya ce kada ya sake taka masa gida. Yanzu kuma yana so ya sayar da filin da muka saya tare, wanda rabin kuɗinsa adashena ne, ya sayi abinci mu koma ƙauye. 'Yarmu mai shekara tara tana farkawa cikin dare da kuka, tana tambaya ko duniya za ta tashi kafin ta gama firamare. Ina son mijina, ina son ƙanena. Yaya zan yi?

Wa alaikumus salam 'yar'uwata. Sannu da ɗawainiya. Na karanta wasiƙarki sau biyu, kuma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne kalmar "bara". Mutumin da ya saba tsayawa gaban aji yara suna sauraronsa, aka wayi gari ba aji, ba albashi, ba mai tambayarsa komai. Sai ga waya tana gaya masa cewa ya san wani sirri da manyan masana ke ɓoyewa, kuma shi ne zai ceci iyalinsa. Wannan magana tana da daɗi a kunnen wanda aka sallama daga aiki. Ban faɗi haka don ki raina shi ba. Na faɗa ne don ki gane cewa idan kika je za ki ƙwace masa wannan zance da ƙarfi, a wurinsa kamar ragowar mutuncinsa kike ƙwacewa. Dariyar ƙanenki a nan ta soke shi.

Amma ki kwantar da hankalinki tukuna a kan babbar tambayar, domin ba za ki iya lallashin yarinya ba alhali ke ma gabanki yana faɗuwa. Babu wata duniya da ke tafe. Zan gaya miki inda zancen ya samo asali, ki riƙe shi a ranki, ba don ki je ki jefe shi da shi ba.

Immanuel Velikovsky likitan ƙwaƙwalwa ne, haifaffen daular Rasha a 1895, ya koma Amurka da zama. A 1950 ya fitar da littafi yana cewa Zara, wannan da muke kira matar wata, ta ɓalle ne daga jikin duniyar Mushtari a matsayin tauraruwa mai wutsiya, ta gifta kusa da duniyarmu wajen shekara 1500 kafin haihuwar Annabi Isa. A cewarsa ita ta rina kogin Nilu, ita ta dare teku, daga wutsiyarta man fetur ya zubo, har ma da mannu da Bani Isra'ila suka ci a jeji. Bai dogara da awo ko lissafi ba. Ya tattaro tsofaffin littattafan Yahudawa da tatsuniyoyin al'ummu daban-daban ne, ya ce duk abu ɗaya suke ba da labari.

Akwai wurin da maigidanki yake da gaskiya, kuma ina so ki fara gaya masa wannan kafin komai. An yi wa Velikovsky rashin adalci a yadda aka tarbe shi. Wasu masana taurari, ciki har da Harlow Shapley na jami'ar Harvard, sun matsa wa kamfanin Macmillan da ya buga littafin, aka yi barazanar daina sayen littattafan karatunsa, har kamfanin ya miƙa littafin ga wani kamfani mai suna Doubleday alhali yana kan gaba a kasuwa. Editan da ya karɓi littafin ya rasa aikinsa. Wasu sun yi tir da shi tun ba su karanta ba. Sakamakon haka mutane suka ƙara rububinsa, suna cewa da ba gaskiya a ciki da ba a tsorace shi haka ba. Masanin taurari Carl Sagan, wanda ya yi muhawara da Velikovsky a taron masana kimiyya na San Francisco a 1974, kuma ya warware hujjojinsa ɗaya bayan ɗaya, shi da kansa ya ce abin da ya fi muni a al'amarin shi ne yunƙurin toshe bakin mutumin. Kin ga ke nan abin da ƙanenki ya yi ranar suna an taɓa yin irinsa shekara saba'in da wani abu da suka wuce, kuma bai haifar da ɗa mai ido ba.

To amma zaluntar mutum ba ta mayar da maganarsa gaskiya. Daga baya an bi maganar an auna. Mushtari kusan duk iska ce mai sauƙi, Zara kuwa dunƙulen dutse ce da ta kusa kai girman duniyarmu, ba yadda za a yi wannan ta fito daga waccan. Velikovsky ya ce gajimaren Zara na dangin man fetur ne. Da na'urori suka isa can, aka tarar gajimaren irin ruwan batir ne, iskarta kuma kusan duk ta kabon ce. Magoya bayansa sukan ce ai ya yi hasashen Zara na da zafi, kuma haka aka samu, zafinta ya haura digiri 460. Gaskiya ne, sai dai shi ya ce zafin na sabuwar haihuwa ne, awo kuma ya nuna iskar kabon ɗin ce ke kulle zafin rana kamar mota da aka rufe gilasanta da tsakar rana. Sannan mutanen Babila sun bar alluna na yumɓu da suka rubuta fitowar Zara da ɓuyarta shekara 21 a jere a zamanin wani sarkinsu Ammisaduqa, tun kafin lokacin da Velikovsky ya ce ta gifta mu, kuma zagayenta na kwana 584 da muke gani yau shi ne a allunan. Ƙanƙarar tsibirin Girinland da ke can arewacin duniya ma tana taruwa ne shekara-shekara, hawa kan hawa, an haƙo ta an ƙirga baya dubban shekaru, ba a ga alamar wani bala'i da ya game duniya a wancan lokaci ba.

Ita kuwa Nibiru asalinta ya fi wannan rauni, kuma ina zaton maigidanki bai san tushenta ba. Wani marubuci Zecharia Sitchin ne ya yayata ta a 1976, yana cewa wasu halittu daga can suka sauko suka ƙera ɗan Adam don ya haƙa musu zinariya. Masana rubutun Babila ba su yarda da fassararsa ba. A allunan, Nibiru suna ne da aka fi dangantawa da Mushtari. A 1995 wata Ba'amurkiya, Nancy Lieder, wadda ta ce halittun sama na yi mata magana a cikin kai, ta sa ranar zuwan wannan duniyar a watan Mayun 2003. Ranar ta wuce. Aka mayar da ita 21 ga Disamba 2012, aka jingina da kalandar Maya, wata tsohuwar al'umma ta yankin Meziko. Ta wuce. Aka sake sa 23 ga Satumba 2017. Duk kina raye kin ga waɗannan ranaku, wataƙila ma kina tsakar gida kina wanke-wanke. Duniya guda ba allura ba ce da gwamnati za ta sa a aljihu. Da tana kusa, da ido ma ya gan ta, da dubban masu madubin hangen nesa a gidajensu daga Japan har Chile sun ɗauki hotonta. Tun 1846 masana suka gano duniyar Neptune ta hanyar lissafi kawai, saboda sun lura tana ɗan jan maƙwabciyarta daga hanya. Idan an iya wannan da alƙalami da takarda, yaya za a ɓoye wadda ake cewa ta kusa ƙofar gida?

Yanzu ga abin da nake so ki ba shi a madadin abin da zai rasa, domin mai son ilmi ba a barinsa hannu wofi. Masana ba su ƙi zancen bala'i daga sama ko ambaliya mai girma ba. Akwai wani masanin ƙasa, J Harlen Bretz, wanda a 1923 ya ce wata gagarumar ambaliya ta zamanin da ce ta yayyanka gabashin jihar Washington ta Amurka. Abokan aikinsa suka yi masa ca, suka ce ya dawo da tatsuniya cikin kimiyya. Shekara da shekaru yana yawo da ƙafa yana auna kwazazzabai da manyan duwatsun da ruwa ya kwaso, har aka gano tafkin da ƙanƙara ta datse wanda ya ɓalle ya yi ɓarnar. A 1979, yana da shekara fiye da 95, ƙungiyar masana ƙasa ta Amurka ta ba shi lambarta mafi girma. A wannan shekara ta 1979 ne Velikovsky ya rasu. Dukansu an yi musu dariya, ɗaya ya kawo abin da kowa zai je ya taɓa ya auna, ɗaya bai kawo ba. Haka a 1980 masana kimiyya Luis Alvarez da ɗansa Walter suka ce wani dutse daga sama ne ya hallaka manyan dabbobin zamanin da, shekara miliyan 66 da suka wuce. Aka yi ta ja-in-ja har aka tabbatar da ramin, mai faɗin kusan kilomita 180, a Yucatan ta Meziko. Mu ma nan gida, ranar 3 ga Oktoba 1962 dutse mai nauyin kusan kilo 18 ya faɗo a Zagami ta ƙasar Katsina, daga baya bincike ya nuna daga duniyar Mars ya fito. Malamin makaranta irin mijinki zai ji daɗin waɗannan labarai, kuma na gaskiya ne.

Sai mu dawo cikin gida. Ki raba matsalolin, kada ki haɗa su a zama ɗaya. Abin da ya yi imani da shi zai ɗauki lokaci kafin ya sauya, watakila watanni. Yarinya da fili ba za su jira ba.

Ki fara da yarinyar, yau ɗin nan. Ki samu Babanta shi kaɗai, bayan ya ci abinci, ki gaya masa abin da take faɗi cikin dare da kalmominta. Kada ki ce "ka tsorata ta". Ki ce "'yarka ba ta barci, ina neman taimakonka". Abu ɗaya za ki roƙa: kada a ƙara kunna waɗannan bidiyo ko a yi zancen a inda yara suke. Uban da yake shirin sayar da fili don ya tsare 'ya'yansa ba zai so ya ji shi ne sanadin kukan 'yarsa ba. Ita kuma ki gaya mata kai tsaye cewa babu abin da ke tafe, za ta gama firamare da yardar Allah. In Zara ta fito bayan magariba ki fita da ita ki nuna mata, ki ce kakannin kakanninmu ma a nan suka gan ta. Idan bayan 'yan makonni kukan bai ragu ba, ko ta fara fitsarin kwance ko ƙin makaranta, ki kai ta asibiti.

Fili kuwa, ki tsaya da ƙafarki cikin ladabi. Rabin kuɗin naki ne, kuma dukiyar mace tata ce a shari'a, ba a sayar da ita sai da yardarta. Ki duba sunan wa ke kan takardar, ki ɗauki hotonta ki adana, ki tuna su wa suka shaida cinikin da kuma uwar adashen da ta san kin kwashe kuɗin. Sannan ki zo masa da tayin da zai rage masa fargaba ba tare da an yi asara ba. Sayen hatsi da kaka, lokacin da yake da araha, dabara ce da iyayenmu suka saba tun kafin a san Nibiru. Ku sayi buhun masara da gero da wake gwargwadon ƙarfinku, ku zuba a buhunan nan masu ninki uku da ke hana ƙwari. Shi ya samu natsuwar cewa ya yi tanadi, ke kuma kin samu abincin da za a ci har damina. Ki kuma tuna masa a hankali cewa idan da gaske duniya guda ce za ta faɗo, ƙauye da birni duk ɗaya ne, ashe sayar da filin ba ya maganin abin da yake tsoro. In ya dage, ki nemi ya sa rana. Ku rubuta a takarda: ba za a taɓa filin ba har ranar, idan ta wuce lafiya an bar zancen sayarwa. Kada ki sa rai takardar za ta sauya masa tunani. An sha gani masu irin wannan imani suna matsar da rana gaba idan ta wuce. Amfaninta shi ne ta tsare filin. Idan kuma kika ji ya fara kawo dillalai, kada ki tsaya jiran komai, ki sanar da yayansa ko wani babba da yake jin nauyi, da waliyyinki, a zauna.

Ƙanenki yana da gaskiya a ilmi, amma ya yi kuskure a ladabi. Mijin yayarsa ne, ya girme shi, kuma a gaban jama'a ya kunyata shi. Ki kira shi ki gaya masa haka ba tare da kwana-kwana ba. Ba a ce ya janye abin da ya sani ba. Ya je, tare da mahaifinku ko wani kawu in ya yiwu, ya ce "Yaya, na yi kuskure da na yi dariya, ka yafe mini". Iyakar nan. Kada ya ɗora da "amma". In an shirya, zai iya zama mafi amfani gare ki a duk wannan lamari, domin shi ne zai iya zama da shi su kalli bidiyon tare, yana tambaya maimakon yanke hukunci: wa ya auna wannan, a ina, in ƙarya ne me za mu gani? Malami ya san darajar irin waɗannan tambayoyi, shi ma ya sha yi wa ɗalibansa. Kuma shi ma maigidanki akwai abin da ke kansa: hana ƙanenki shiga gida yanke miki zumunci ne, kuma ya kamata babban da zai shiga tsakani ya faɗa masa haka.

Akwai ɓangaren addini da nake ganin zai taɓa shi fiye da lissafin taurari. Na fahimci yana jin wannan zance yana gaskata labarin Annabi Musa ne. Ya sake dubawa. Abin da Velikovsky ya yi shi ne ya mayar da mu'ujiza hatsarin tauraro da ya faɗo a kan gaɓa, wanda ya kawo Nibiru kuwa cewa ya yi wasu halittu ne suka ƙera Adam. Alƙur'ani a Suratul A'araf ya ce sanin Sa'a na wurin Ubangiji kaɗai. Ranar da Ibrahim ɗan Manzon Allah (SAW) ya rasu aka yi husufin rana, mutane suka danganta shi da rasuwar, Manzo ya gyara musu cewa rana da wata ba sa husufi don mutuwar wani ko rayuwarsa. Wannan magana ta fi kyau ta fito daga bakin malamin da yake girmamawa, a keɓe. Idan daga bakinki ta fito a tsakiyar gardama, zai ji kamar kina tuhumar imaninsa ne.

Ki kuma sa ido a kan lafiyarsa. Idan yana kwana biyu uku ba barci, ko ya daina cin abinci da wanka, ko ya fara cewa ana bibiyarsa ko ana aiko masa da saƙo na musamman, to wannan ya wuce zancen bidiyo, a nemi likita da gaggawa. In ba haka ba, babban maganinsa shi ne ya koma gaban allo. Ki ƙarfafa masa ya fara darasin yamma ga yaran unguwa masu shirin jarabawa, ko a zaure ne. Ki nemi 'yan'uwanku su taya shi cigiyar aiki. Mutumin da zai tashi da asuba ya shirya darasi ba ya kai ƙarfe biyun dare a kan waya.

Abu na ƙarshe, don kada ya zo miki ba shiri. Ranar 13 ga Afrilu 2029 wani dutse mai suna Apophis, mai faɗin kusan mita 340, zai gifta duniya da tazarar kusan kilomita 32,000, kuma ana sa ran ganinsa da ido daga Afirka. Kafin lokacin waya za ta cika da masu cewa ga Nibiru ta iso. Masana ne da kansu suka gano shi a 2004, suka shelanta wa duniya cewa akwai 'yar yiwuwar ya same mu, suka ci gaba da awo, a 2021 suka tabbatar ba zai taɓa mu ba har nan da aƙalla shekara ɗari. Ki ba maigidanki wannan labari tun yanzu, ki ce ya bincika da kansa ya zo ya yi muku bayani ke da yara. Ki rubuto mini bayan kaka in ji yadda aka ƙare da filin, da kuma ko yarinyar ta koma barcinta. Allah ya daidaita tsakaninku.